Hermann Prey a Gaban Kyamara: Mawaƙin da Fim Ya Yi wa Adalci

Jamus ta bayan yaƙin duniya na biyu ta yi manyan mawaƙa biyu masu irin murya ɗaya, 'yan gari ɗaya, shekara huɗu kacal a tsakaninsu. An haifi Dietrich Fischer-Dieskau a Balin a 1925, Hermann Prey kuma a Balin ɗin dai, ranar 11 ga Yuli, 1929. Dukansu muryarsu ita ce ta tsakiya a muryoyin maza, wadda ake kira bariton: ba siririyar nan mai tashi sama ba ce, ba kuma kakkaurar ƙasa ba. Masu sharhi sun shafe shekaru suna ɗora su a sikeli, kuma galibi sikelin wajen Fischer-Dieskau yake rinjaya. Shi ne malami, mai zurfin tunani, mai tsefe kowace kalma. Prey kuwa sai a ce ai mai zaƙin murya ne, mai fara'a, ɗan talabijin. Ni ban yarda da wannan hukunci ba, kuma hujjata tana cikin finafinan opera da Prey ya fito a cikinsu daga 1959 zuwa 1984.

Ga wanda bai saba da ita ba, opera wasan kwaikwayo ne da ake rerawa da waƙa daga farko har ƙarshe, ko kusan haka, makaɗa na zaune a wani rami a gaban dandali. A Italiya aka ƙirƙiro ta wajen shekarar 1600. Wahalar sana'ar ita ce mawaƙi ba ya riƙe makirufo. Da ƙirjinsa da maƙogwaronsa zai tura murya ta tsallake makaɗa sittin ko fiye, ta isa kujerar ƙarshe a zaure irin La Scala na Milan mai cin mutum kusan 2,000, ko Metropolitan na New York mai kujeru kusan 3,800. Wanda ke can baya ba ya ganin ido balle gira, shi ya sa mawaƙan suka saba da manyan motsi, a ware hannu, a dafe ƙirji, a zube a ƙasa. Ranar da kyamara ta matso dab da fuska, sai duk wannan ya koma wuce gona da iri. Ga jijiyar wuya ta miƙe, gumi na wanke kwalliya, baki a wangale, ido kuma na satar kallon madugun makaɗa maimakon ya tsaya kan masoyiyar da ake yi wa waƙar. Manyan muryoyi da yawa sun faɗi wannan jarrabawa.

Prey ya fara waƙa tun yana yaro a ƙungiyar yara mawaƙa ta Mozart da ke Balin. Yaƙi ya ƙare yana da shekara 15, garinsu ya zama kufai. Ya yi karatu a babbar makarantar kiɗa ta Balin, a 1952 ya ci gasar da gidan rediyon jihar Hessen ya shirya a Frankfurt, ya fara hawa dandalin opera a Wiesbaden, sannan gidan opera na Hamburg ya ɗauke shi daga 1953 zuwa 1960. A irin wannan gida ake koyon aiki na gaske, domin ɗan gida yau ƙaramin matsayi ne a hannunsa, gobe babba, jibi kuma wanda bai taɓa gani ba. Daga nan ƙofofi suka yi ta buɗewa: bikin Salzburg a 1959, Metropolitan a 1960 a matsayin Wolfram cikin Tannhäuser na Wagner, bikin operar Wagner na garin Bayreuth a 1965 da wannan matsayin dai.

Hoto mai motsi na farko da ya kamata a tsaya a kai shi ne na ƙarshen 1959, lokacin da talabijin ta ɗauki Wanzamin Seville na Rossini a ƙaramin gidan wasa na Cuvilliés da ke Munich, Joseph Keilberth na jagorancin makaɗa. Baƙi-da-fari ne, kuma da Jamusanci aka rera, domin a wancan zamani al'adar gidajen opera na Jamus ita ce a juya wasan zuwa harshen masu kallo. Prey, wanda ya fito a wanzamin, na da shekara 30, abokinsa Fritz Wunderlich, wanda ya fito a basaraken da ke neman aure, na da 29. Erika Köth ce budurwar, Hans Hotter kuma malamin kiɗa mai kwaɗayi. Babu wata dabarar fim a nan, wasan dandali ne kyamara ta leƙa. Amma tun a nan ana ganin abin da ya bambanta Prey: idan wani na waƙa, shi yana saurare ne da gaske. Fuskarsa ba ta mutuwa tana jiran layinsa ya zo. Shi da Wunderlich kuwa ana ganin shaƙuwarsu a fili, irin ta mutum biyu da suka san dariyar juna. Wunderlich ya rasu a Satumba 1966 bayan ya faɗo daga matakala, saura 'yan kwanaki ya cika 36, don haka wannan ɗaukar ta zama ɗaya daga cikin 'yan hotunan da suka rage na su biyun tare a cikakken wasa.

Babban sauyi ya zo ne da kamfanin Unitel na Munich, wanda ɗan kasuwar finafinai Leo Kirch ya kafa a 1966 don ɗaukar kiɗan gargajiyar Turai da kyamarar sinima, da launi. Tsarin aikinsu shi ne a fara naɗar sauti gaba ɗaya a sutudiyo, da makaɗa da mawaƙa, sannan bayan makonni ko watanni a shiga wani sutudiyon a sa kaya, a saki sautin ta lasifika, mawaƙa su bi shi da baki da jiki. Duk mai kallon finafinan Hausa ya san wannan tsari, haka ake yi wa waƙoƙin Kannywood: a naɗa a sutudiyo, jarumi ya hau kai a gaban kyamara. Bambancin shi ne a Kano yawanci murya ta wani ce, fuska ta wani. Turai ma sun yi hakan. A fim ɗin Aida na 1953 fuskar Sophia Loren ce amma muryar Renata Tebaldi, a Parsifal na Hans-Jürgen Syberberg na 1982 kuma 'yar wasan Jamus Edith Clever ce ta hau muryar Yvonne Minton. Prey bai taɓa bukatar a ara masa fuska ba. Muryarsa yake hawa, kuma ya iya.

Ba ƙaramin aiki ba ne. Dole mutum ya tuna inda ya ja numfashi watanni da suka wuce, ya tuna tsawon kowace gaɓa, ya kuma sa maƙogwaronsa ya motsa daidai yadda mai kallo zai yarda daga nan sautin ke fita. Idan ya yi sakaci, sai a ji murya kamar za ta tsaga rufi alhali jikin mai ita a sake yake. Wannan aibi ne na gaske a finafinan opera na sutudiyo, kuma na Prey ma ba su tsira daga shi gaba ɗaya ba. Akwai wuraren da yake gudu ko tsalle amma sautin bai girgiza ko kaɗan ba, kunne ya ce wani abu, ido ya ce wani. Abin da aka samu a madadin haka shi ne 'yanci. Mawaƙi na iya juya wa kyamara baya, ya kwanta, ya yi raɗa, ya bar idonsa ya yi magana.

Mutumin da ya fi kowa sanin yadda za a ci moriyar wannan 'yanci shi ne darakta Jean-Pierre Ponnelle, Bafaranshe haifaffen Paris a 1932, wanda ya fara da zanen dandali da sutura kafin ya koma ba da umarni. Shi da madugu Claudio Abbado na Italiya, sun shirya Wanzamin Seville a Salzburg a 1968 da Prey a matsayin Figaro, suka kai shi La Scala, sannan a 1972 suka mai da shi fim da makaɗan La Scala. Teresa Berganza ce Rosina, Luigi Alva basarake Almaviva, Enzo Dara tsohon likita Bartolo. A dubi girman abin: Bajamushe ne aka ba matsayin da Italiyawa ke ɗauka nasu na gado, da harshensu, da makaɗan gidansu mafi daraja. An ji Jamusanci a bakinsa, masu sharhi sun faɗa, kuma gaskiya suka faɗa. Amma an bar masa matsayin, domin babu mai zama Figaro kamar shi.

Figaro wanzami ne na gari guda, mai aski, mai fitar da jini, mai kai wasiƙun masoya, wanda ba gidan da ƙafarsa ba ta shiga. Labarin kuwa na tsohon likita ne da ya kulle yarinyar da yake riƙo yana so ya aure ta saboda dukiyarta, wanzami ya taimaki saurayinta suka yi masa wayo. A sashe na biyu akwai wurin da Figaro ya zo yi wa tsohon aski ba a ranar da tsohon ke so ba. Ya nace, ya samu damar zare mabuɗin tagar bene daga cikin tarin mabuɗai, sannan ya zaunar da shi ya lafta masa kumfa, ya tare masa gani da jikinsa yayin da masoyan ke shirya gudu a bayansa. Hannu ɗaya na kan aska, ido ɗaya na kan masoya, baki na bin kiɗan Rossini mai saurin tsiya. Wani mawaƙin sai ya mai da wurin wasan wawaye. Prey yana yin askin ne kamar wanda ya shekara ashirin yana yi, dariyar kuma daga nan take fitowa, daga mutumin da ke aikinsa tsakani da Allah a lokacin da yake shirya damfara.

Fim ɗin da ya fi muhimmanci a wannan nazari shi ne Auren Figaro na Mozart. An naɗi sautin a Vienna a ƙarshen 1975, Karl Böhm na jagorancin makaɗan Philharmonic na birnin, aka ɗauki hoton a 1976 a sutudiyon Shepperton kusa da Landan. Mirella Freni ce Susanna, Kiri Te Kanawa uwargidan basarake, Maria Ewing yaron fada Cherubino. Basaraken kuwa Fischer-Dieskau ne. Ga mutum biyun da aka daɗe ana aunawa sun tsaya a hoto ɗaya, ɗaya ubangida, ɗaya bara. Sun riga sun yi waɗannan matsayai tare a faifan Böhm na 1968, amma faifai murya kaɗai yake ɗauka.

Wasan ci gaban labarin wanzami ne, duka biyun daga alƙalamin marubucin Faransa Beaumarchais suka samo asali. Figaro ya rufe shago ya zama baran basaraken da ya taimaka wa ya yi aure, yau kuma ranar aurensa ce da Susanna, hadimar uwargida. Sai dai basaraken ya gaji da matarsa, idonsa na kan amaryar baransa. An fara nuna operar a Vienna a 1786, shekara uku kafin juyin juya halin Faransa, kuma wasan asali sai da ya sha hani daga hukuma saboda yadda bara ke fito-na-fito da mai sarauta.

Labule na buɗewa da Figaro yana auna ɗakin da ubangidansa ya ba su, yana ƙirga biyar, goma, ashirin, talatin, yana neman inda gado zai zauna, Susanna na gwada hular amarcinta. Murna yake, har yana yabon karamcin maigida: ɗakin na tsakanin na basarake da na uwargida, kowa ya kaɗa ƙararrawa taku biyu an isa. Sai Susanna ta fahimtar da shi abin da taku biyun ke nufi ranar da aka aike shi nesa. A dandali, mawaƙi yakan nuna wannan da zabura ko dunƙule hannu don na baya su gani. A fim ɗin kyamara na kusa, kuma abin da Prey ya bayar kaɗan ne: murmushin ya tsaya a fuska na ɗan lokaci bayan ya riga ya bar ido, sannan shi ma ya gushe. Mutum ne da ya gane a take cewa wanda ya bauta wa da zuciya ɗaya ya raina masa hankali. Waƙar barazanar da ta biyo baya, inda yake cewa in maigida rawa yake so shi zai kaɗa masa, ta fito daga bakin wanda aka ji wa ciwo, ba daga ɗan tawayen da ya zo da fushinsa tun daga gida ba. Wannan fahimta ta Prey ce, kuma ita ta sa Figaro ɗinsa ya fi na mutane da yawa shiga rai.

Ponnelle ya ƙara wata dabara da dandali ba zai taɓa iyawa ba. Tunda sautin a naɗe yake, sai ya bar mawaƙa su rufe baki a wurare da dama, waƙar na tafiya a matsayin zancen zuci. Haka ya yi wa babbar waƙar fushin basarake, Fischer-Dieskau na kallon bayinsa leɓe a rufe, murya na tafasa a ciki. Wasu masu kallo ba su so wannan ba, suka ce opera ba tare da buɗe baki ba ta rasa ranta. Ni ina ganin a nan ne aka gane wane ne ɗan wasa da gaske, domin da zarar an karɓe wa mawaƙi aikin baki, ba abin da ya rage masa sai fuska. A sashe na huɗu, inda Figaro ya zaci amaryarsa ta ci amanarsa yana zagin mata baki ɗaya, daraktan ya raba Prey biyu a hoto ɗaya, Figaro na muhawara da Figaro. Dabara ce mai haɗari, da sauƙi ta zama abin dariya. Ta tsaya ne saboda Prey ya ba kowane ɗayan biyun halinsa.

Idan aka tambaye ni wa ya yi nasara tsakanin shi da Fischer-Dieskau a wannan fim, amsata ita ce kowa ya samu matsayin da ya dace da halittarsa, kuma hakan ya fallasa kuskuren masu sikeli. Tsayi da kamewa da kaifin furucin Fischer-Dieskau sun yi wa basarake daidai. Amma sauƙin kai da ɗumin da ake rage wa Prey maki a kansu, su ne ainihin abin da kyamara ke nema, kuma ba a same su a banza ba. Sa wahala ta zama kamar wasa fasaha ce da ake shekaru ana gini. Gaskiya ne muryarsa ta fi haske fiye da yadda wasu ke so ga Figaron Mozart, wanda sau da yawa masu kakkaurar murya ake ba, kuma a can ƙasa ba ta da nauyin tasu. Wanda ya saurari faifai kaɗai zai iya tsayawa a nan. Wanda ya ga fim ɗin da wuya ya tsaya.

Hujja ta ƙarshe ta fito daga inda ba a zata ba. A 1981 Wolfgang Wagner, jikan Richard Wagner kuma shugaban bikin Bayreuth, ya ba Prey matsayin Beckmesser a Die Meistersinger von Nürnberg, labarin gasar waƙa tsakanin masu sana'o'in hannu na birnin Nuremberg a ƙarni na 16. Beckmesser magatakardan gari ne, shi ke zama da alli da allo yana ƙirga kurakuran mai waƙa. Yana son 'yar maƙerin zinariya da aka sa aurenta a matsayin kyautar gasa, ya ɗauki baitocin da ba nasa ba, ya kasa haddace su, ya kwaɓa su a bainar jama'a, gari ya yi masa dariya. Richard Wagner, mai operar, ya ƙirƙiro shi ne da ƙullin zuciya, har a wani daftarin farko ya ba shi suna mai kama da na Eduard Hanslick, mai sharhin Vienna da ke sukarsa. Masana da dama kuma suna ganin akwai ƙyamar Yahudawa a yadda aka zana shi, ga shi 'yan Nazi sun rungumi wannan opera, a 1943 da 1944 ita kaɗai aka yi a Bayreuth. Al'adar da aka gada ita ce a rera Beckmesser da murya mai ƙara, a yi ɗingishi, a mai da shi abin tsokana.

Prey ya ƙi bin wannan hanya. Ya rera kowane layi da cikakkiyar muryarsa mai kyau, kamar yadda zai rera waƙar soyayya, ya fito da shi a matsayin dattijo mai ilmi, mai tsafta, mai ji da kansa, wanda kaɗaici da son abin da ba zai samu ba suka kai shi ga kunyata. An ɗauki wasan a 1984, Horst Stein na jagoranci, Bernd Weikl a matsayin baduku Hans Sachs, Siegfried Jerusalem a matsayin barden da ya ci gasar. A wurin gasar, kyamara na nuna mutum yana laluben kalmomi a takarda, ya san abin da ke fita daga bakinsa ba shi da ma'ana, ya kuma san ba halin tsayawa. Ana dariya, amma dariyar na zuwa da nauyi a ƙirji. A ƙarshen wannan shiri ba a bar shi a wulaƙance ba, shi da Sachs sun yi musabaha. Ga Bajamushen da ya tashi a ƙarƙashin mulkin Hitler, mayar wa wannan hali mutuncinsa a dandalin Bayreuth ba ƙaramin abu ba ne, kuma tun daga lokacin mawaƙa da yawa suka bi sawunsa.

Sauran finafinansa ana iya ambatonsu a gurguje: Così fan tutte na Mozart tare da Böhm da Gundula Janowitz da Christa Ludwig, Carmina Burana na Carl Orff da Ponnelle ya ɗauka a 1975, da Die Fledermaus da aka yi a Covent Garden na Landan a jajibirin sabuwar shekara ta 1983, Plácido Domingo na jagorancin makaɗa. Ya kuma yi nasa shirin a talabijin ɗin Jamus, yana rera waƙoƙin gargajiya da na nishaɗi ga mutanen da ba su taɓa taka gidan opera ba. Wannan ne ya fi jawo masa rainin masu ji da kansu, shi kuwa bai taɓa jin kunyar hakan ba.

Abin da masu rainin ke mantawa shi ne mutumin nan ya ba da rabin rayuwarsa ga Franz Schubert, wanda ya rasu a 1828 yana da shekara 31 ya bar waƙoƙi fiye da 600, akasarinsu na murya ɗaya da piyano. A 1976 Prey ya kafa bikin Schubertiade a garin Hohenems da ke yammacin Ostiriya, da burin a gabatar da ayyukan Schubert bi da bi, bisa tsarin lokacin da ya rubuta su, har da waɗanda ba mai rerawa. Da tafiya ta ƙi daidaita a can sai ya kai burin Vienna, daga baya kuma New York. Ya kafa wani bikin a Bad Urach a 1981, shekarar da ya fitar da littafin tarihin rayuwarsa, ya kuma fara koyarwa a makarantar kiɗa ta Hamburg a 1982. Bai yi ritaya ba. Ya rasu sakamakon bugun zuciya a Krailling kusa da Munich ranar 22 ga Yuli, 1998, kwana goma sha ɗaya bayan ya cika shekara 69. Bikin Hohenems da na Bad Urach suna nan ana yi har yau, ɗansa Florian, shi ma mai muryar bariton, ya gaje shi a sana'ar.